Zauren Tambaya: Bajamushen da ya rubuta Derrick, da yaron Mabera mai son bin sawunsa

TAMBAYA: Assalamu alaikum Baba. Da fatan an wuni lafiya, ya iyali, ya haƙuri da zafin Sakkwato? Na gama difloma bara, yanzu ina taya yayana zaman shagon gyaran waya a Mabera. Shekara biyu ke nan ina rubuta labarin wani ɗan sanda mai binciken kisan kai, ina son ya zama fim mai dogon zango a YouTube. Abokaina sun ce in ba ni da kuɗin harbe-harbe da tseren motoci, kada ma in fara. Wani dattijo da ya kawo gyaran waya ya ji muna gardama, sai ya ce in nemi labarin Bajamushen da ya rubuta Derrick. Baba, wane ne mutumin nan? Kuma in riƙe rubutu kaɗai, ko in zama furodusan kaina tunda ba ni da mai ɗaukar nauyi?
Ɗanka Nasiru, Mabera.

AMSA: Wa alaikumus salam ɗana. Dattijon nan in ya dawo karɓar wayarsa, ka roƙi yayanka ya yafe masa kuɗin gyara, don ya ba ka abin da ya fi su.

Ni a Ƙonni na fara ganin Derrick, wani shirin talabijin na Jamus kan ɗan sanda mai binciken kisan kai, gidan kawuna, lokacin da nake raka shi fatauci ta Illela. Kaset ne wani ya kawo masa daga Yamai, an ɗora wa fim ɗin muryar Faransanci. Matar kawun, da muke kira Inna, ita kaɗai ta yi lakwal, wato bokon Faransanci, a gidan, sai ta zauna kusa da talabijin da faifai a cinya tana tsince wake, tana juya mana maganar da Hausa. Wani dogon mutum ne mai manyan tabarau da doguwar kwat, ya shiga falon masu kuɗi ya zauna, yana tambaya a hankali kamar wanda ya zo gaisuwa. Ba gudu, ba doke-doke. Mu samari muka fara ƙorafi, yaushe za a fara faɗa? Inna ta ce mana, ku yi shiru, ai faɗan ake yi, ku dubi hannun matar nan. Muka duba, ashe hannunta rawa yake a kan kofi. Tun daga daren nan ban sake raina fim ɗin zaune ba.

Sunan marubucin Herbert Reinecker, Jamusawa na furta shi kamar Rainika. An haife shi ranar 24 ga Disamba 1914 a garin Hagen da ke yammacin Jamus, ɗan ma'aikacin jirgin ƙasa ne. Da aikin jarida ya fara tun yana matashi. Akwai baƙin tabo a ƙuruciyarsa, zan zo kansa a wasiƙa ta biyu da ke ƙasa, don ba abin da za a ratsa a gurguje ba ne. Bayan Yaƙin Duniya na Biyu ya sha wuya kafin ya sami tudun dafawa: gajerun labarai yake rubutawa yana sayar wa jaridu, daga nan ya shiga wasan kwaikwayo na rediyo, sannan finafinan silima. A 1954 aka yi fim ɗin Canaris da rubutunsa, wanda ya sa sunansa ya dawo bakin mutane.

Sai ga wani zamani da ya kamata ka lura da shi. Daga 1959 zuwa 1972 kamfanin Rialto ya yi ta fitar da finafinan bincike daga littattafan Edgar Wallace, marubucin Ingila. Labaran duk a Landan suke faruwa, da hazo da tsofaffin gidaje da 'yan sandan Ingila, amma akasarin ɗaukar a Hambug da Balin aka yi ta, 'yan wasan Jamusawa ne, da Jamusanci suke magana. Furodusan da ya riƙe ragamar mafi yawansu shi ne Horst Wendlandt, wanda shi ma kan sa hannu a rubutu a ƙarƙashin sunan aro, H. O. Gregor. Reinecker ya rubuta musu da dama, ciki har da Der Hexer na 1964, wasu kuma ya sa musu sunan aro, Alex Berg. Sun yi kasuwa, ba a musu. Amma Landan ɗin aro ce, kuma kowa ya san ta aro ce. Da yayin ya wuce, sai suka wuce tare da shi.

Abin da ya ɗore shi ne wanda ya yi bayan ya dawo da laifin gida. Ya haɗu da wani furodusa ɗan Munik, Helmut Ringelmann, suka fara yi wa tashar talabijin ta ZDF aiki. A 1969 suka fito da shirin bincike mai suna Der Kommissar, baƙi da fari, kashi 97 har zuwa 1976, Reinecker ne ya rubuta su duka. Kafin wannan ya ƙare, ranar 20 ga Oktoba 1974, aka haska kashin farko na Derrick, Horst Tappert a matsayin babban sufeto Stephan Derrick, Fritz Wepper a matsayin mataimakinsa Harry Klein. Ba a rufe shirin ba sai 16 ga Oktoba 1998. Kashi 281, kowane kusan awa guda, kuma babu ko ɗaya da wani ya rubuta ba shi ba. Ka zauna ka buga lissafi: shekara 24, wato kusan labari ɗaya kowane wata, sabon mamaci, sabon gida, sabon dalili. Yana da shekara 59 aka fara, yana da 83 aka gama. An sayar da shirin ga ƙasashe sama da 100, shi ya sa har ya iso falon kawuna. Ya rasu ranar 27 ga Janairu 2007 a bakin tafkin Starnberg, kudu da Munik, yana da shekara 92.

To, ga amsar abokanka. Da wuya ka ga Derrick ya zaro bindiga. Kayan aikinsa kujera ce da tambaya da haƙuri. A kason farko-farko ma tun daga buɗewa ake nuna wa mai kallo wanda ya yi kisan, sai a bar shi yana kallon yadda igiya ke matse wuyan mai laifi a hankali. Daga baya suka koma ɓoye shi sai ƙarshe. Amma ko a wane salo, abin da Reinecker ke nema ba wane ne ba kaɗai, me ya kai shi. Kishi ne, ko bashi, ko gādo, ko tsoron tonon asiri, ko ɗa da ya tashi bai ji ɗumin uba ba. Mutumin da ke cin abinci da cokali mai yatsu, mai gaida maƙwabta, shi ne ya kashe. Wannan ba ya bukatar mota ko ɗaya ta kife.

Ba zan ɓoye maka aibinsa ba. Ya cika zama a unguwannin attajirai, talaka bai cika samun kujera a labaransa ba. A shekarun ƙarshe maganar ta yi nauyi, mutane na ta maimaita kalmar juna, sufeto ya koma kamar mai wa'azi, har su kansu Jamusawa suka riƙa tsokanar salon. Wanda ya rubuta abu ɗaya sau 281 dole wata rana rijiyar ta ba da laka. Ka ɗauki haƙurinsa, ka bar masa jan magana.

Ni kuwa da na zo fahimtar aikinsa, sai na tuna ashe na taɓa ganin irinsa da idona, ba a talabijin ba. Ina ɗan shekara goma sha biyu, saura kwana huɗu babbar salla, ragon layyar maƙwabcinmu ya ɓata a unguwarmu wajen Ƙofar Rini. Mai unguwa bai sa an daki kowa ba. Ya shimfiɗa buzu a zaure, ya riƙa kiran samari ɗaya bayan ɗaya, tambaya biyu kacal yake yi: ina ka yi la'asar jiya, kuma wa ke damanka a sahu? Muna laɓe bayan ƙyaure muna ji. Wani ya ce a masallacin bakin titi ya yi, kusa da tela. Tela kuwa tun hantsi ya tafi Gwadabawa ta'aziyya, mai unguwa da kansa ya raka shi tasha. Bai ce masa ƙarya kake ba. Ya aika aka kawo fura, ya dama, ya miƙa masa ludayi, ya ci gaba da jan carbinsa. Shirun nan ya yi tsawon da har mu na waje muka ƙosa. Sai muka ji kuka. Ashe uwarsa ce kwance, mai kemis ya ce ba zai ƙara ba da magani bashi ba. Aka karɓo ragon wajen wani mahauci kafin magariba, kuma ba a taɓa kiran sunan yaron a bainar jama'a ba. Ka ga kashi guda cikakke: laifi, shaidar ƙarya, tarko, dalili, hukunci. Kuɗin ɗaukarsa bai wuce zaure ɗaya da ƙwaryar fura ba.

Don haka kada ka yi mana Landan ɗin aro. Kada ka sa ɗan sandan Sakkwato ya riƙa dukan ƙofa da ƙafa yana ihu kamar na Amurka. Garinmu yana da nasa dokokin, kuma kowace doka kyauta ce ga marubuci. A Munik, inda labaran Derrick ke faruwa, gawa takan kwana wurin likita ana bincikenta, a nan kuwa wanda ya rasu da asuba kafin azahar an kai shi makwancinsa. To, me mai bincikenka zai yi in zargi bai taso ba sai bayan an dawo daga maƙabarta? Wanda ya yi wa mamacin wanka shi kaɗai ya ga tabon da ke wuyansa, kuma an hore shi da rufa wa mamaci asiri. Ka ga tashin hankalin da ke zuciyar wannan bawan Allah? Labari ne sukutum. Derrick yakan shiga har ɗakin kwana, naka kuwa iyakarsa zaure, don an rubuta ba shiga. Abin da matan gida suka sani sai dai ya biyo ta bakin dillaliya, ko mai kitso, ko yarinya mai tallan ƙosai, ko 'yar sanda mace da za ta shiga da sallama. Ga zaman makoki na kwana uku, inda duk wanda ya san mamaci dole ya zo ya zauna a tabarma ya ce Allah ya jiƙansa, har da wanda ya kashe shi. Reinecker da ya sami wannan tabarmar, da ya rubuta kashi hamsin a kanta.

Ga kuma shagon da kake zaune. Ka fi ni sanin abin da ke cikin wayoyin mutane, da yadda fuskar mutum ke canzawa in aka ce sai ya bar wayarsa ta kwana. Ban ce ka leƙa sirrin kowa ba, amana ce, kuma cin ta haramun ne. Na ce ka kalli fuskokin. Sannan ka nemi wani tsohon ɗan sandan ciki da ya yi ritaya, ka kai masa goro, ka tambaye shi yadda ake ɗaukar bayani a caji ofis, wa ke sa hannu, kwana nawa ake riƙe mutum kafin a kai shi gaban majistare. Mai kallo zai yafe maka ƙarancin haske, ba zai yafe maka ba in ka sa kofur yana ba sufeto umarni.

Sai batun furodusa, kuma a nan ina so ka saurare ni da kunne biyu. Reinecker bai taɓa yawon neman kuɗin mai ko rarrashin ɗan wasan da ya yi fushi ba. Wannan aikin Ringelmann ne: shi ke ɗauko daraktoci, shi ke zaɓen 'yan wasa, shi ke tsayawa tsakanin marubuci da tasha. Sun yi kusan shekara talatin a haka, kowa na kan gonarsa. Shi Ringelmann ya kuma fito da wasu shirye-shiryen bincike, Der Alte a 1977, da Siska a 1998 bayan an rufe Derrick, ya rasu a 2011. A bayansu kuma akwai tasha da ke samun kuɗi daga harajin kallo da gidajen Jamus ke biya, don haka ba su kwana da fargabar ko za a ɗauki kashi na gaba. Kai ba ka da wannan gatan, kuma ba zan yaudare ka in ce himma kaɗai za ta maye gurbinsa ba.

Ni na ɗanɗani rashin furodusa nagari. Shekarun baya na rubuta wasan rediyo kashi goma sha uku, labarin wani attajiri da aka sa wa guba. Tun kashi na biyu na fara binne alamu: wanda ya san inda ake ajiye maganin ɓera, wanda ya ƙi shan kunu ran nan. Muna kashi na tara furodusan ya zo gidana bayan isha'i, ya ƙi zama, ya ce in canza mai laifin. Dalili, wanda ke fitowa a matsayin shi ne ke sayen man janareto, kuma ya ce ba zai yarda a kama shi a gaban surukansa masu sauraro ba. Na yi gardama har muryata ta dushe. Ƙarshe aka ɗora laifin kan wani direba da bai fi magana uku ya yi a duk wasan ba. Kuɗin kashi uku kawai aka biya ni. Har yau ba kuɗin ke ci mini rai ba, wata tsohuwa ce da ta tare ni a Tsohuwar Kasuwa ta ce, Malam, kun zalunci direban nan.

To, shawarata ka riƙe alƙalami, ka nemi abokin tafiya mai riƙon amana da iya lissafi ya riƙe jaka, ko da ɗan'uwanka ne. Taura biyu ba ta taunuwa, balle ga mai farawa: ranar da kake neman kuɗin abincin 'yan wasa, ranar ce za ka yanke fitowar da ta fi kowace kyau don ta yi tsada. Wendlandt ya haɗa biyun, amma furodusa ne da ya ƙware tukuna, rubutun ƙari ne. Ku rubuta yarjejeniya a takarda da shaidu biyu, a sa nawa ne kowane kashi, a kuma sa cewa ba mai canza ƙarshen labari sai da yardarka. In tilas ta sa ka riƙe duka biyun, to kada a kunna kyamara sai ka gama rubuta kashi shida, ka kulle su, don kada aljihu ya riƙa yi maka shifta. Kowane kashi ya tsaya da ƙafarsa, laifi ɗaya, a warware shi a ranar, kamar yadda Derrick ke yi, don wanda datarsa ta ƙare makon jiya ya iya shigowa yau ba tare da ya ɓace ba. Kuma ka fara rubutu daga ƙarshe. In ba ka san wanda ya yi kisan da dalilinsa ba, kada ka rubuta sallamar farko.

TAMBAYA: Allah ya gafarta Malam. Ni malamar tarihi ce a wata sakandaren 'yan mata. Mahaifina, Allah ya jiƙansa, yana son Derrick ƙwarai. Daga baya na ji an daina nuna shi a Jamus saboda alaƙa da 'yan Nazi. Gaskiya ne? In gaskiya ne, ya halatta mutum ya ci gaba da yaba aikin?
Malama Hadiza, Arkilla.

AMSA: Allah ya jiƙan mahaifinki, Malama, ya kai haske kabarinsa. Wasiƙarki ta yi wata biyu a aljihun rigata, na ajiye ta har ta sami abokiyar tafiya.

Gaskiya ne, kuma abin kashi biyu ne. A 2013, sama da shekara huɗu bayan rasuwar Horst Tappert, takardu suka nuna cewa a lokacin yaƙi ya kasance cikin rundunar Waffen-SS, reshen soja na ƙungiyar SS ta Hitila. Bai taɓa faɗa ba tsawon rayuwarsa. Tashar ZDF ta ce ba za ta sake maimaita shirin ba.

Na Reinecker kuwa ba ɓoyayye ba ne, kuma a ganina ya fi nauyi. Tappert saurayi ne ɗan kimanin shekara ashirin a cikin kaki. Shi Reinecker alƙalami aka ba shi. Ya shiga ƙungiyar matasan Hitila, ya zama editan mujallunta da ake rubuta wa yara maza. Lokacin yaƙi ya yi aikin ɗan jaridar fagen fama na Waffen-SS, yana rubutu a jaridar SS mai suna Das Schwarze Korps har zuwa watannin ƙarshe a 1945. Shi da Alfred Weidenmann suka rubuta fim ɗin Junge Adler na 1944, wanda aka yi don zaburar da matasa su ba da ƙarfinsu ga yaƙin. Shekara goma bayan haka su biyun ne dai suka yi Canaris. Gwamnatin da ya yi wa wannan hidima ita ce ta hallaka Yahudawa miliyan 6, ban da sauran al'ummomi. Ke malamar tarihi ce, kin fi ni sanin abin da ake nufi da a koya wa yaro ɗan shekara goma sha biyu cewa mutuwa saboda shugaba ita ce ɗaukaka. Mu ma a arewacin ƙasar nan mun ga abin da irin wannan huɗuba ta yi wa yaran mutane.

Abin da ya fi tsaya mini a rai shi ne wannan. Mutum ya rubuta labarin bincike 378 in aka haɗa Der Kommissar da Derrick, kusan kowane na ƙarewa da mai laifi ya sunkuyar da kai an gano shi. Shekara talatin yana tambayar mutanen da ya ƙirƙira, me ya sa ka aikata? Nakan zauna in yi tunanin ko duk wannan tambayar kansa yake yi wa ta bayan gida. Allah kaɗai ya san zuciya. Amma ban ga cewa ƙwarewa na wanke hannu ba, kuma ba na son mu zama masu cewa ai ya iya, a bar maganar.

Game da halatta, ni ba mai ba da fatawa ba ne, ra'ayina zan faɗa. Mahaifinki ba Nazi ya so ba, dattijo mai natsuwa ya so, wanda ba ya wulaƙanta ko mai laifi. Wannan son ba abin kunya ba ne, kada ki bari labarin 2013 ya ɓata miki tunawa da zamanku gaban talabijin. Ana iya koyon saƙa wajen masaƙin da ba za ka ba 'yarka ba. Sharaɗin shi ne duk inda aka ambaci 281, a ambaci 1944 tare da shi. In da ni ne ke da ajinki, zan ba 'yan matan tarihin mutumin nan gaba ɗaya, farkonsa da ƙarshensa, in tambaye su: da wace shekara alhakin marubuci ke farawa? Ki bar su su yi gardama, kada ki yi saurin raba musu.

TAMBAYA: Malam, ina wuni. Mu 'yan gudun hijira ne daga gabashin jiha, shekara uku muna zaune a gari. Ɗana ya shiga cikin masu shirya fim na waya, kullum da bindigar katako suna kwaikwayon 'yan ta'adda. Raina ba ya so. In hana shi?
Mahaifiyar Bello, Gidan Dare.

AMSA: Lafiya lau, ɗiyata. Allah ya mayar da ku gida cikin aminci, ya jiƙan waɗanda kuka rasa.

Ranki yana da gaskiya. Wanda ya baro Isa ko Sabon Birni ko Rabah da ƙafa, ya ji ƙarar ta gaske, ba zai ga bindigar katako a matsayin wasa ba. Kuma akwai finafinan da ke mai da ɗan bindiga gwarzo, su sa masa rawani da tabarau da kiɗa a bayansa, yaro ya kalla ya ji sha'awa. Wannan ɓarna ce, ba na goyon bayanta ko kaɗan.

Amma ina tsoron in kin hana shi ƙarfi da yaji, zai ci gaba a inda idonki ba ya kai. Kuma wataƙila abin da ya gani a hanya ne ke cinsa, bai sami bakin faɗa ba sai ta wannan. Ba duk fim ɗin laifi ne ke koyar da laifi ba. Bambancin yana wurin da aka ajiye kyamara. In tana bayan mai harbi, tana koya wa yaro daɗin iko. In tana cikin gidan da aka yi wa rashi, tana kallon uwa da marayu da wanda ke neman gaskiya, tana koya masa nauyin rai. Shirin Bajamushen da na ba da labari a sama, kisan kansa ɗan lokaci kaɗan yake ɗauka, sauran awar duk a kan abin da ya bari ne a gida.

Ki kira Bello bayan sallar isha'i, lokacin da ƙannensa suka yi barci. Kada ki fara da faɗa. Ki ce ya nuna miki abin da suka ɗauka, ki kalla har ƙarshe ko da zuciyarki na suya. Sannan ki tambaye shi, wannan da kuka harbe a fim, wace ce uwarsa, kuma wa ya je ya gaya mata? Ki ce kina son ganin wannan a na gaba. In ya ce bai san yadda ake rubuta irinsa ba, ku aiko wa mujalla da saƙo a sa sunana. Ina zama a zaurena kowace Asabar bayan la'asar, na kuma ce wa Nasiru na Mabera ya zo da kashinsa na farko. Bello ya zo tare da shi, ya bar bindigar a gida, ya taho da littafi da biro.